Odar Kotu, Ɗan Sanda da Teburin Tasha

 

Duk wanda ya taɓa yin sammako ya je tasha don shiga motar Kano ya san wani teburi. Yana can gefe guda, ƙarƙashin rumfar kwano ko a gindin darbejiya. A kansa akwai littafin lodi, da ƙunshin tikiti, da biro ɗaure da zare. Ɗan kamasho na can yana ta kiran "Kano, Kano, saura mutum ɗaya", fasinja kuwa hankalinsa na kan kujerar gaba, bai damu da teburin ba. Direba shi ya san darajarsa. A nan ake rubuta wanda ya riga wani shiga layi. A nan ake yankar tikiti kafin taya ta motsa, a nan ake cin tarar wanda ya yi lodi a bakin titi, kuma a nan ake haɗa gudummawa idan ɗan'uwa ya yi haɗari ko an tsare masa mota a hanya. Abin da mota ɗaya ke ajiyewa bai taka kara ya karya ba, sai dai kullum ne, daga asuba har isha, babu Juma'a babu Lahadi. Ku lissafa motocin da ke tashi daga Shuwarin ranar kasuwa, ku haɗa da na Sara da Gujungu da Maigatari, za ku gane abin da ya sa kujerar bayan teburin nan take da farin jini.

Sharhinmu na yau yana kan ranar da mutum biyu za su tashi kowanne ya ce teburin nasa ne, ɗaya ya garzaya kotu ya ce wa alƙali: ranka ya daɗe, ka umarci 'yan sanda su tsare ni, su tsare ofishina. Shin wannan hanya tana ɓullewa? Kuma wa take karewa?

Ba sai mun je nesa neman misali ba, domin uwar ƙungiyar da tambarinta ke jikin tikitin direbobinmu ita ce ta shiga wannan hali. Ƙungiyar direbobi ta ƙasa, NURTW, an kafa ta a 1978, lokacin da gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta tattara ɗaruruwan ƙananan ƙungiyoyin ƙwadago ta mayar da su manya guda 42. A 2019 Tajudeen Ibikunle Baruwa ya gaji Najeem Yasin a shugabancinta. A watan Agusta na 2023 aka yi taro a Lafiya ta Jihar Nasarawa, Baruwa ya ce an sake zaɓensa karo na biyu. Wani ɓangare ya ce bai san zance ba, ya kafa kwamitin riƙo ƙarƙashin Tajudeen Agbede, ya kuma shige hedikwatar ƙungiyar da ke Garki a Abuja. A watan Satumba aka yi arangama a ƙofar ofishin, aka ji raunuka, rahotanni suka ce har an rasa rai, 'yan sanda suka kama Baruwa da wasu mutanensa. Ƙungiyar ƙwadago ta NLC ta fito fili ta zargi 'yan sanda da ɗaukar ɓangare.

Magana ta je Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Ranar 11 ga Maris 2024 Mai Shari'a Oyewumi ta yanke hukunci cewa Baruwa ne halastaccen shugaba, ta rushe kwamitin riƙo. Aka ɗaukaka ƙara. Ranar 8 ga Nuwamba 2024 Kotun Ɗaukaka Ƙara a Abuja ta tabbatar da hukuncin. To masu sauraro, ku saurari abin da ya biyo baya. Washegari, 9 ga wata, ɗaya ɓangaren ya taru a Oshogbo ya zaɓi Musiliu Akinsanya, wanda aka fi sani da MC Oluomo, a matsayin shugaban ƙungiyar na ƙasa, shi ne kuma ya shiga ofis. Babban lauya Femi Falana ya yi kira ga Ministan Shari'a da Sufeto Janar na 'yan sanda su zartar da hukuncin kotu. A lokacin, mutum yana riƙe da hukuncin kotuna biyu a hannu, makullin ofis yana aljihun wani.

Ban zo nan don in zaɓar wa direbobi shugaba ba. Kowane ɓangare yana da lauyoyinsa da hujjojinsa, kuma ba ni da ƙuri'a a zaɓensu. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne darasin da ɗan yuniyan na tashar Dutse ko ta Birnin Kudu zai ɗauka idan ya ji wannan labari. Zai ce a ransa: ashe ko na ci shari'a, sai wanda ɗan sanda ya tsaya wa ne zai zauna a teburi. Ranar da wannan tunani ya zauna a zukatan mutanen tasha, daga ranar kuɗin lauya zai koma kuɗin hayar 'yan daba. Abin da nake tsoro ke nan, shi ya sa na ɗauko maganar tun muna zaune lafiya. Hausawa sun ce idan gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa.

Bari mu duba abin da doka ta ce, don a rubuce babu duhu a cikinta. Sashe na 40 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa 'yancin shiga ƙungiyar da yake so don kare muradunsa, gyaran dokar ƙungiyoyin ƙwadago na 2005 kuma ya fayyace cewa shiga ƙungiya ganin dama ne, ba a yi wa kowa dole. Sashe na 46 ya ce wanda aka tauye wa haƙƙi, ko ake cikin tauye masa, ko ma ake shirin tauye masa, yana iya zuwa babbar kotu. Ku lura da wannan na ƙarshen. Ba sai an fasa maka kai da gora za ka nemi kariya ba, barazana ma ta isa hujja idan kana da shaida. Sashe na 4 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya ɗora musu tsare rayuka da dukiyoyin kowa. Sashe na 287 na tsarin mulki ya wajabta wa dukkan hukumomi da ɗaiɗaikun mutane zartar da hukuncin kotu a ko'ina cikin tarayya. Tsohuwar dokar ma'aikatan kotu masu zartar da hukunci ma ta faɗa ƙarara a sashe na 15 cewa wajibi ne a kan kowane ɗan sanda ya taimaka wajen zartar da takardar kotu.

Saboda haka wanda ya ji ana wasa masa adda, ya ajiye tasa ya nufi kotu, ya yi daidai, kuma ya cancanci a yaba masa. Wannan na faɗa, zan kuma maimaita.

Sai dai akwai roƙo iri biyu da ake kai wa alƙali cikin riga ɗaya, kuma a nan ne ake yin ɓatan kai. Akwai mai cewa a tsare mini raina da motata da hanyar cin abincina. Akwai kuma mai cewa a ba ni 'yan sanda su raka ni tasha, alhali abin da yake nufi shi ne su ɗaga wancan daga kujera su zaunar da shi. Na farko haƙƙi ne da babu gardama a kansa, ko ciyaman ne kai ko yaron mota. Na biyu kuwa rigimar shugabanci ce aka yi wa lulluɓi. Mu ƙaddara an yi zaɓen reshe a wata tasha, wanda ya faɗi ya ce an yi maguɗi. Maimakon ya bi matakan da kundin ƙungiyarsu ya shimfiɗa, sai ya sami lauya ya rubuta cewa ransa na cikin haɗari, ya karɓo umarnin wucin gadi a bayan idon abokin hamayyarsa, wanda ko sammaci bai gani ba. Gari na wayewa sai ga motar 'yan sanda a bakin tasha, an ɗauke littafin lodi an miƙa wa wani. Kafin a dawo zaman kotu na gaba an yi wata guda ana karɓar kuɗi. Wancan kuma ba zai zauna ba, zai nufi wata kotun ya karɓo tasa odar. Sai ɗan sanda ya wayi gari da takardu biyu, kowacce da hatimi, kowacce tana rushe 'yar'uwarta.

Mu a wannan yanki mun ga irin haka da idonmu, ko da yake ba a tasha ba. A watan Mayu na 2024, cikin rikicin sarautar Kano, Babbar Kotun Tarayya ta ba jami'an tsaro umarni iri ɗaya, Babbar Kotun Jiha ta ba su wani daban, har sai da Alƙalin Alƙalan Najeriya na lokacin, Olukayode Ariwoola, ya kira shugabannin kotunan biyu. Idan haka ta faru a kan gidan sarauta da duniya ke kallo, ina ga rumfar kwano a gefen hanyar Maiduguri?

Shi ya sa doka ta ware wa rigimar ƙungiyoyin ƙwadago gidanta. Gyaran tsarin mulki na uku, wanda ya fara aiki a 2011, ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa hurumi ita kaɗai a kan rikici tsakanin ƙungiya da ƙungiya, da rikicin cikin gida na ƙungiya, da fassarar kundinta. Yana nan a sashe na 254C. Kotun tana da zaure a Kano, nan kusa da mu. Lauyan kirki zai gaya maka cewa idan gindin rigimarka kujera ce, to kai ta wata kotu da sunan kare haƙƙi yakan ƙare da korar ƙara bayan an ɓata watanni da kuɗi. Wanda ya ce maka yana da gajeriyar hanya, ka tambaye shi nawa ne kuɗin dawowa.

Akwai kuma iyakar da kotuna suka gindaya wa kansu, wadda ya kamata mai neman oda ya sani. A 2002, a ƙarar da marigayi Gani Fawehinmi ya shigar yana neman a tilasta wa Sufeto Janar yin wani bincike, Kotun Ƙoli ta nuna cewa 'yan sanda suna da damar auna yadda za su tafiyar da aikinsu, kotu ba ta cika yi musu dole a kan haka ba. A 2005 kuma, a shari'ar Babban Lauyan Jihar Anambara da Chris Uba, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce ba a zuwa kotu don neman garkuwa daga binciken laifi. Ma'ana, idan yaranka ne suka sari wani, odar kariya ba za ta zame maka laya ba. A ɗaya gefen, sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum a kan rigimar da ba ta laifi ba. Gardamar wa ya ci zaɓen reshe ba aikin caji ofis ba ce. Aikin ɗan sanda a tasha ranar rigima shi ne ya hana a zubar da jini, ya kama wanda ya ɗaga makami ko daga wane ɓangare yake, sannan idan kotun da ke da hurumi ta yanke hukunci, ya tsaya a bayan ma'aikacin kotu har a zartar. Idan ya wuce nan ya shiga rabon kujera, ko ya gaza nan ya ƙi zartar da hukunci, to mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi.

Wani zai ce, Malam, ai wannan rigimar Kudu ce, mu nan ba mu san ta ba. Alhamdu lillahi, tashoshinmu suna da dattawa, kuma akwai kunya tsakanin mutane. Amma wutar Kudun ma ta taɓa ƙona mu. A watan Yuni na 2011, ɓangarori biyu na ƙungiyar direbobi suka gwabza da dare a tashar Iwo Road da ke Ibadan. Cikin waɗanda suka rasu har da wani ɗalibin likitanci na Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, wanda a lokacin shi ne shugaban ƙungiyar ɗaliban likitanci ta ƙasa. Mota yake jira ya dawo gida Arewa. Ba shi da kati, ba shi da ɓangare, bai san sunan ciyaman ba. Duk lokacin da aka yi maganar kariyar 'yan sanda a rigimar tasha, wannan yaro nake tunawa, domin irinsa ba su da lauyan da zai karɓo musu oda. Haka mai shayi da mai ƙosai da ke bakin ƙofa, haka direban da ya karɓi mota da yarjejeniyar kawo balas kowace yamma, wanda idan an rufe tasha kwana uku mai mota ba zai ji uzuri ba. Masu shiga kotu shugabanni ne, masu kwana da yunwa kuwa waɗannan ne.

Kuma tsagar da ƙadangare zai shiga tana nan a bangonmu. Bayan NURTW ta ma'aikata akwai RTEAN ta masu motoci. A takarda bambancin a fili yake: NURTW ta yaran gida, RTEAN ta iyayen gida. To direban Jahun da ya sayar da shanunsa biyu ya haɗa da bashi ya sayi Sharon yana tuƙa abarsa, shi wane ne? Ma'aikaci ne ko mai gida? Kowace ƙungiya tana iya cewa nata ne, kowacce tana iya buga masa tikiti. Ga 'yan Adaidaita Sahu da 'yan acaɓa da nasu ƙungiyoyin, ga ƙaramar hukuma da nata rasit. Sannan ga siyasa, wadda duk shekara huɗu take tuna cewa tasha na da matasa da motoci. Abin da ya raba kan uwar ƙungiya a Abuja zai iya gangarowa jiha, daga jiha ya sauko reshe, ba tare da ya nemi izinin kowa ba.

Wasu gwamnoni sun ɗauka maganin shi ne a rushe ƙungiyar baki ɗaya. Gwamna Seyi Makinde ya dakatar da NURTW a Oyo a 2019, ya kawo tsarinsa na kula da tashoshi. Legas ta yi makamancin haka a 2022, ta naɗa kwamitin tashoshi, ta ɗora MC Oluomo a kansa. Teburin bai tafi ko'ina ba, mai zama ne ya canza, kuma gwamnati ce ta zaɓe shi maimakon direbobi. Ban ga adalci a nan ba, kuma ba na fatan wata gwamnati a Jigawa ta taɓa sha'awar wannan hanya. Tun a 1986, a shari'ar Gwamnan Soja na Legas da Odumegwu Ojukwu, lokacin da gwamnati ta tura jami'ai da makamai suka fitar da shi daga wani gida a Ikoyi alhali magana na gaban kotu, Kotun Ƙoli ta yi tir da hakan, ta ce hukuma ma ba ta da ikon ɗaukar doka a hannunta. A zamanin soja aka faɗi wannan. Bai kamata a ce a zamanin farar hula muna neman wanda zai tuna mana ba.

Na san kwamishinan 'yan sanda na jiha yana da nasa ƙuncin. Sashe na 215 na tsarin mulki ya ce gwamna na iya ba shi umarni, amma kwamishinan yana iya cewa sai an ji daga sama. Rundunar ta tarayya ce, linzaminta na Abuja. Duk da haka, abin da ake nema a wurinsa bai fi ƙarfinsa ba. Idan takardar kotu ta zo a kan rigimar ƙungiya, a miƙa ta ga sashen shari'a na rundunar su tantance ta a rajistar kotun da ta fito, su karanta ainihin abin da alƙali ya rubuta, kada a dogara da fassarar wanda ya kawo ta. Idan takardu biyu suka ci karo, lauyan rundunar ya koma gaban kotu ya nemi a warware, a bar kowa inda yake kafin nan. Kuma duk kariyar da za a bayar ta zama ta tasha ce gaba ɗaya da mutanen cikinta. Ɗan sanda biyu a bayan ciyaman, fasinja ɗari babu mai kallonsu, wannan rakiya ce kawai aka yi wa mutum ɗaya.

Ga masu girma alƙalanmu, da ladabi nake roƙo: odar da ake bayarwa a bayan idon ɗaya ɓangaren, a taƙaita ta ga inda rai ke cikin haɗari na gaske, a kuma gaggauta kiran wancan ya zo ya faɗi nasa. Kwana ɗaya a teburin tasha kuɗi ne, wanda ya samu ba ya son shari'a ta ƙare.

Sulhu kuma ba gazawa ba ne. NLC kanta ta dare biyu bayan zaɓen 2015 tsakanin Ayuba Wabba da Joe Ajaero, har ɓangaren Ajaero ya kafa tasa ƙungiyar ƙwadago, ULC, a ƙarshen 2016. A 2020 suka zauna suka ɗinke ɓarakar, a 2023 Ajaero ya zama shugaban NLC ɗin da ya bari. Ba motar 'yan sanda ce ta kai shi ba. Mu kuwa muna da abin da ya fi nasu: muna da hakimai da dagatai da limamai waɗanda har gobe idan suka kira ɗan tasha zai cire takalmi ya zauna. A yi amfani da su tun magana tana ƙarama, tun ana cewa "wane bai kyauta ba", kafin a kai ga "wallahi sai dai a mutu".

Kalmata ta ƙarshe gare ku ce, direbobi da 'yan kamasho da yaran mota, ku da kuke jin mu yanzu a rediyon mota kuna jiran layi ya zo kanku. Ƙungiyar nan taku ce, da kuɗinku take tsaye. Ku nemi kundin tsarinta a karanta muku da Hausa. Ku san shekara nawa ne wa'adin ciyaman, ku san ranar zaɓe, ku nemi ma'aji ya karanta lissafi a gaban taro. Yawancin rigimar da ke ƙarewa a kotu daga wa'adin da aka ƙi sauka ko asusun da aka ƙi buɗewa take farawa. Idan wani ya yi maka barazana, ka kai rahoto caji ofis a rubuce, ka riƙe kwafi, ka nemi lauya, idan babu hali ka je ofishin Hukumar Ba da Agajin Shari'a. Idan kuma wani babba ya kira ka da dare ya ce gobe ka zo da gora za a ƙwato tasha, ka ce masa ya kawo takardar kotu ya zo da rana, kai kana da iyali.

Allah ya tsare mana hanyoyinmu, ya kai kowa gida lafiya.